Sun Cire Muryar Lawali Daga Fim Ɗin Malam Yunusa

Shekara goma sha biyu ke nan da muka raka gawar Malam Yunusa maƙabarta a nan Abidjan. Duk shekara in watan rasuwarsa ya kama, nakan tuna shi a raina, in buɗe shagona na atamfa a kasuwar Treichville, in ci gaba da harkata. Ban taɓa rubuta komai a kansa ba. Bana na ɗauki alƙalami, kuma gara in faɗa tun da wuri cewa ba yabo na zo yi ba. Raina a ɓace yake. Ina fushi da mutanen ƙasarsa, ina fushi da namu mutanen, shi kansa mamacin ma bai tsira daga fushina ba.

Ga wanda bai san shi ba, sunan da iyayensa suka raɗa masa Jens, mutumin Denmark ne, can arewacin Turai. Bakinmu bai iya sunan ba, sai wani mai shayi da ke gefen babban masallacin Treichville ya mai da shi Yunusa, sunan kuwa ya bi shi har kabari. Bai musulunta ba, bai kuma taɓa yaudarar kowa cewa yana kan hanya ba. Malam ɗin da muke liƙa masa na koyarwa ne, don shi ya koya mana wasan kwaikwayo.

Ɗan masunci ne daga wani ƙaramin gari a bakin teku. Ya guje wa kamun kifi ya tafi babban birninsu, ya fara da jan labule da jera kujeru a gidan wasan kwaikwayo, a hankali har ya kai shi ke tsara wasa yana ba da umarni. Ya yi suna a can daidai gwargwado, ya kuma shirya fina-finai. Dalilin da ya sa ya baro gida ya danganta da ranar da ka tambaye shi. Wata rana ya ce sanyi ne ya koro shi. Wata rana ya ce ya gaji da 'yan kallon da ke tafi a hankali kamar masu tsoron tada jariri. Ni da na yi shekaru ina aiki da shi, na fi zaton faɗa ya yi da kowa har ya rasa abokin faɗa. Ya zo Abidjan ne don ɗaukar wani ɗan gajeren fim a kan ma'aikatan tashar jiragen ruwa, ya kama ɗaki a Treichville, ya shiga zama wajen masu shayi da fatake yana sauraron Hausa. Fim ɗin tashar bai taɓa ƙarasa shi ba, gida kuma bai koma ba.

Ni sunana Rabi. A unguwar Adjamé aka haife ni, fataucin goro ne ya kawo mahaifina daga ƙasar Sakkwato. Na yi boko da Faransanci, shi ya sa na zama tafintarsa tun ina budurwa, kafin ya iya Hausa. Ya iya ta kuwa, amma har ya mutu bai raba "kai" da "ke" ba. Ya taɓa ce wa wani babban ɗan kasuwa "ke zauna" a gaban jama'a, aka yi mako ana ba da labarin.

Ya tara mu ne daga nan da can: teloli, direbobi, masu sayar da abinci, wani mai gyaran rediyo. Bayan la'asar muke haɗuwa a wani shagon ajiya da babu kaya a ciki, mu yi ta gwaji, sannan mu kai wasan tsakar gidajen haya na Adjamé. Ba mutum mai sauƙin sha'ani ba ne. Yana da tsawa, yana da taurin kai, ga taba ba ta barin bakinsa. Magana ɗaya sai ya sa ka maimaita ta har ka tsani kalmomin. Ya sha sa ni kuka. Abin da ya fi ƙi shi ne mutum ya hau dandali ya ari muryar da ba tasa ba. Na tuna ranar da na ƙanƙance murya irin ta matan fina-finan waje, ya jefar da hularsa ƙasa ya ce, "Ƙarya kake yi, Rabi. Na ji yadda kake yi wa ƙaninka faɗa a gida. Wannan nake so." Na yi fushi na daina zuwa na ɗan lokaci, sannan na koma da kaina.

Fim guda ya yi da mu, kuma Lawali ne jigonsa. Lawali direban gbaka ne, ƙananan motocin hayar nan da ke cika Adjamé da hayaniya. Dogo ne siriri, muryarsa a ɗan dishe saboda kiran fasinja, yana magana da sauri yana cakuɗa Hausa da Julanci, yaren kasuwar garin nan, da Faransancin titi. Labarin fim ɗin kusan labarinsa ne: saurayin da aka haifa a Adjamé, a kan hanya ana tare shi ana neman takardunsa ana ce masa baƙo, in ya je garin ubansa a arewa kuma a ce masa ɗan bariki. Ni na fito a matsayin yayarsa. Da aka zo neman wadda za ta fito uwarsa, Malam Yunusa ya ce me za a nema ga uwarsa can tana suyar ƙosai a bakin titi. Haka Inna Dije ta shiga fim, bayan an sha fama da ita. Lawali ɗanta ne na fari, kuma shi kaɗai ne namiji, ba ta kama sunansa. "Yaron nan" take ce masa, a gida da cikin fim.

Da aka gama aikin, wani mutum daga wata tashar talabijin ta waje ya zo ya kalla, ya ce yana so, amma sai an cire muryoyinmu an ɗora na Faransawa. Ina wurin. Malam Yunusa ya buɗe masa ƙofa ya nuna masa hanya. Ya ce wanda ba ya jin Hausa ya karanta fassara a ƙasan hoto, yadda shi ma ya yi ta karanta fassarar fina-finan wasu tun yana yaro. Ni da shi muka zauna muka yi wannan fassara layi-layi, muna gardama a kan kowace kalma. Saboda wannan taurin kai fim ɗin bai yi nisa ba. An nuna shi a wurare kaɗan a Turai, mu kuma aka kafa mana majigi a tsakar gidan su Lawali, aka rataya farin zane a bango, unguwa ta cika har saman katanga. Inna Dije ba ta tsaya ba. Tana ganin fuskar ɗanta ta cika bango sai kunya ta kama ta, ta ja mayafi ta shige ɗaki. Da aka yi mata tsiya washegari, ta ce wanda take gani kullum yana cinye mata ƙosai, me za ta kalla a jikin bango.

Sai rikicin ƙasar nan ya zo. Ba sai na tsaya bayani ba, duk wanda ya zauna a Adjamé lokacin ya san yadda sunan mutum, in irin na mutanen arewa ne, ya zama abin tsoro a bakinsa. Wata safiya Lawali ya fita da mota. Waɗanda ke ciki sun ce wasu masu bindiga sun tare su a wani shinge, suka tambayi sunansa, suka ce ya sauko. An samu motar a gefen hanya. Shi ba a same shi ba. Ni da Malam Yunusa mun bi asibitoci da ɗakunan ajiye gawa, yana amfani da farar fatarsa yana kutsawa inda ni ba za a bar ni ba. Ba mu samu komai ba. Lawali ba shi da kabari. Daga nan Malam Yunusa bai sake ɗaga kyamara ba, wasan dandali kawai ya ci gaba da yi, shi ma ba kamar da ba.

Ya kwafa mana fim ɗin a kaset, amma kaset bai jure wa damshin garin nan. Nawa ya yi fumfuna ya manne. Na Inna Dije ya tafi tare da talabijin ɗinsu ranar da aka wawashe gidajen layinsu. Ya rage sai ainihin faya-fayan, na hoto daban, na murya daban, cikin gwangwanaye a shagon da muke gwaji. Wata damina aka yi irin ruwan nan da ke mai da mahaɗar Indénié kogi, ruwa ya shiga shagon har gwiwa. Lokacin ciwon huhu ya riga ya kama Malam Yunusa, amma da kansa ya yi ta ɗauko gwangwanayen a ka yana tari.

A nan laifin namu mutanen ya shigo. Ya ce in raka shi wajen manyan 'yan kasuwarmu, ya roƙi a ba shi ɗaki guda a saman bene inda ruwa ba ya kaiwa. Mutanen nan suna da benaye a Treichville cike da shinkafa da tayil da bandir-bandir na shadda. Babbansu, wanda ba zan kama sunansa ba, zan dai ce masa Alhaji, ya karɓe mu da lemo da fara'a. Ya saurara har ƙarshe. Sannan ya ce ɗakunansa na kaya ne, kuma ba zai ajiye hotunan matan mutane a inda yake neman albarka ba. Ya juyo wajena ya ce, "Ke kuma Rabi, ai kin girmi wasan yaran nan." Sauran suka bi bayansa, kowa da irin uzurinsa. Babu wanda ya zage mu. Da murmushi aka rako mu har bakin ƙofa.

Bayan wannan sai laifinsa shi. Bai shawarci kowa ba. Sai da gwangwanayen suka bar ƙasar nan sannan ya gaya mini ya aika da su wata ma'ajiyar fina-finai a ƙasarsu, ya kuma sa hannu ya mallaka musu. Ranar mun yi faɗan da ba mu taɓa yin irinsa ba. Na ce masa fuskokinmu ne a ciki, muryoyinmu ne, ɗan Inna Dije ne, da izinin wa ya kyautar? Ya ce can akwai sanyi da bushewa, za su daɗe. Na ce su daɗe wa ya gan su? Ya ce duk ranar da muka nema za su aiko. Mutumin da ya yi rayuwarsa yana kushe mutanen ƙasarsa, yana cewa ba su san komai ba sai tsari da takarda, shi ne ya ɗauki abu mafi tsada da muke da shi ya damƙa musu a kan "za su aiko". Na san yana ganin mutuwa na tahowa, na san tsoron ruwa yake yi. Duk da haka da ya tambayi Inna. Yana cin ƙosanta kullum, bai ga ya dace ya tambaye ta ba. A wannan rana ya nuna mana cewa duk zaman da ya yi da mu, a can cikin ransa fim ɗin nasa ne shi kaɗai. Har yau ban huce ba.

Ya ƙi komawa gida neman magani. A ɗakinsa na Treichville ya ƙarasa, Inna Dije na aiko masa da koko daga Adjamé har ranar da ya kasa haɗiya. Mu kaɗan ne muka bi gawarsa. An yi ta maganganu a kan mace Musulma ta bi gawar wanda ba Musulmi ba, na ji su duka, na tafi.

Tun daga shekarar nake bin ma'ajiyar nan da saƙo. Suna amsawa, ba zan yi musu ƙarya ba, kuma da ladabi. Ana nazari. Ana jiran izini. Wanda ke kula da sashen ya canza. Ana nan ana haka idon Inna Dije ya fara yana, gani ya yi ta raguwa har ta bar suya, ta koma zaman tabarma a ƙofar ɗaki. Wata rana na kai mata ziyara, muna cikin hira sai ta ce, "Rabi, fuskarsa tana nan, ko na rufe ido ina ganinta. Muryar yaron nan ce take neman ɓace mini." Ba ta roƙe ni komai ba. Na koma gida na sake rubuta musu.

Saboda haka ku kwatanta farin cikina bana da labari ya zo cewa an gyara fim ɗin, za a kawo shi Abidjan a nuna a wani zaure a Treichville don tunawa da Malam Yunusa. Ba su sanar da ni ba, a takardar da aka manna a bango na gani, amma ban damu ba. Na yanko atamfa mafi kyau a shagona na kai wa Garba, telan da muka yi wasa tare, ya ɗinka wa Inna riga da zane. Ranar muka ɗauko ta a tasi daga Adjamé, ni a dama, Garba a hagu. A hanya tana ta tambaya ko lasifikar wurin tana da ƙarfi.

Zauren ya cika. Layin gaba na manyan baƙi ne, kuma a tsakiyarsu ga Alhaji cikin babbar riga. Har jawabi aka ba shi. Ya ce Malam Yunusa ɗan gida ne, al'ummar Hausawan Abidjan ta rungume shi hannu biyu, shi da kansa yana alfahari da zaman da suka yi. Garba ya dube ni, na dubi ƙasa. Na ce wa kaina ba don wannan muka zo ba.

Aka kashe fitilu. Hoton ya fito tas, ya fi yadda na san shi kyau. Ga Adjamé ta da, ga tashar mota, ga rumfunan da aka rushe tuni. Sai ga gbaka ta shigo, ga Lawali ya leƙo da kai ta taga yana dariya. Ya buɗe baki. Abin da ya fito daga lasifika muryar wani Bafaranshe ce, mai santsi, irin ta masu karanta labarai, da wani kiɗan molo a ƙarƙashinta wanda ba mu taɓa sawa ba. Na ɗauka gabatarwa ce, za ta wuce. Ba ta wuce ba. Na ga bakina yana motsi, wata yarinya da ban sani ba tana magana a madadina. Na ga Inna tana yi wa ɗanta faɗa da cokalin suya a hannu, wata tsohuwar Baturiya na rangaɗa Faransanci. Sun bar ƙarar injin, sun bar hon ɗin mota, sun bar kukan akuya a bayan gida. Mutanen kawai suka cire.

Inna ta kama wuyan hannuna. Ta ce, "Ya fito?"

Na ce, "Ya fito, Inna."

Ta karkata kai wajen lasifika ta saurara. Can ta ce, "To me ya hana shi magana? Wane ne wannan yake ta surutu a kansa?"

Garba ne ya sunkuya ya gaya mata a kunne. Ba ta yi kuka ba, ba ta ce mu tashi ba. Ta zauna har ƙarshe da kanta a karkace, ko za a yi kuskure a bar kalma ɗaya. Ba a yi kuskuren ba, aikinsu mai kyau ne. Sau ɗaya ta yi magana, da aka danna hon, ta ce a hankali wannan motarsa ce.

Da aka kunna fitilu aka yi tafi mai tsawo. Na bar Inna da Garba na kutsa gaba wajen matar da ta kawo fim ɗin, wata matashiya mai fara'a. Na gaya mata ko ni wace ce. Ta yi mamaki na gaske, ta ce ba ta san 'yan wasan suna raye ba. Na tambaye ta ina muryoyinmu. Ta ce an yi haka ne don 'yan kallo su fi fahimta, kuma a can ba su samu wanda ke jin wannan ɗan yaren ba, fassarar da suka tarar tare da faya-fayan ita suka ba masu ɗora murya. Wato fassarar da ni da shi muka yi don a bar muryoyinmu, da ita aka shafe su. Na ce mata ɗan yaren da take faɗa, gidajen rediyon Turai da kansu suna watsa labarai da shi kowace safiya, kuma ana ciniki da shi daga nan har Sudan. Na ce shekara da shekaru ina rubuta musu da sunan da ke rubuce a ƙarshen fim ɗin, ba wanda ya ce bari mu tambayi matar nan. Na nuna mata Inna daga nesa, na gaya mata abin da ya kawo ta. Hawaye ya zubo mata, na gaske ne, na gani. Ta ce faifan muryar yana nan a ajiye, ba abin da ya same shi, za ta yi magana da na sama da ita. Za a duba.

Ina juyowa na ci karo da Alhaji. Ya ce, "Rabi, kin ga yadda suka gyara mana abinmu?" Na gaishe shi yadda ake gaida sa'an uba, na wuce, don in na buɗe baki a wurin ba zan iya rufewa ba. A bakin ƙofa kuma wasu samari 'ya'yan Hausawa suka gane ni, suka zo ɗaukar hoto. Ɗayansu ya ce da Faransanci, Tanti ai gara da aka yi haka, sun fi ganewa. Wannan ta fi ta Alhaji ciwo, kuma ban ga laifinsa ba. Mu muka haife su, mu muka bar su suka tashi ba su iya yi wa kakanninsu hira ba.

Na yi ta tunanin me Malam Yunusa zai yi da yana zauren nan. Na san shi. Ba zai jira ƙarshe ba. Zai miƙe tun a magana ta farko, ya tsaya a gaban hasken, ya fizge waya daga bango, ya zazzage su da harshe uku. Zai tuna wa Alhaji zancen ɗaki a gaban baƙinsa. Da na ji daɗin ganin haka. Amma bayan ya gama, da na ja shi gefe na ce masa, Malam, kai ka ba su. Ina so in ga fuskarsa a lokacin, kuma mutuwa ta hana ni. Wani ɓangare na fushina ke nan, wanda ba ni da inda zan kai shi.

Bayan ranar Inna ta rage cin abinci, ta rage magana. Garba ne ya kawo shawara. Ya bi ragowar 'yan ƙungiyarmu gida-gida, waɗanda mutuwa da ƙaura suka bari, muka haɗu wata Lahadi da yamma a tsakar gidanta. Babu kyamara, babu zane a bango. Muka ce za mu yi mata fim ɗin da baki. Na ɗauka mun manta, sai ga shi maganganun suna fitowa da kansu, ɗaya na jan ɗaya, har inda ake shiru da inda ake tari. Duk tsawar da mutumin nan ya yi mana, duk maimaicin da muka tsine wa a ranmu, ashe sun zauna daram. Garba ya ɗauki wurin Lawali. Bai yi nisa ba Inna ta ɗaga hannu ta tsayar da shi, ta ce yana jan magana da yawa, shi yaron da sauri yake yi, yana haɗiye ƙarshen kalma. Garba ya sake. Ta sake gyara masa. Da aka zo wurinta ta karɓa da kanta daga kan tabarma, ta yi masa faɗan nan na cikin fim tiryan-tiryan, har maƙwabta suka fito suna dariya. Da muka gama ta sa mana albarka ɗaya bayan ɗaya. Ta riƙe hannun Garba ta ce, "Maganarsa ce, ba ka rage komai ba, Allah ya yi maka albarka. Amma ba shi ba ne."

To me ya rage na Malam Yunusa bayan shekarun nan? Shagon da muke gwaji yanzu wayoyin hannu ake sayarwa a ciki. A ƙasarsu sun mai da shi suna a jikin takardar gayyata, sun ɗauki abin da ya kori mutumin talabijin ɗin nan daga ɗakinsa a kai sun yi shi da sunan girmama shi. A nan kuma waɗanda suka hana shi ɗaki su ke jawabi a kansa. Abin da na ga ya rage na gaskiya shi ne tsofaffi kaɗan a wata tsakar gida a Adjamé, da suka iya tsayawa a gaban mutane su yi magana da muryarsu ba tare da sun ari ta kowa ba. Shi ya koya mana wannan, ba zan hana shi haƙƙinsa ba. Da abin da ya koya mini nake rubuta wannan, har da ɓangaren da ya shafe shi.

Ga mutanen ma'ajiyar, in akwai mai fassara musu: ba mu son wani biki, ba mu son a sake turo kowa da hawaye. Ku riƙe hotonku mai kyau. Ku kwafo abin da ke cikin faifan muryar, yadda yake, da ƙarar iska da komai, ku turo ta waya kamar yadda kowa ke tura wa uwarsa saƙo. Ni zan kai, in kara wa Inna a kunne. Ga su Alhaji kuma, ɗakin ya riga ya wuce, amma kuna da 'ya'ya a Turai, kuna da waɗanda in kun kira suna ɗagawa. Tunda kun ce ɗan gida ne, ku kira.

Jiya na biya ta Adjamé bayan na rufe shago. Na tarar da Inna a ƙofar ɗaki, sai da na yi sallama na maimaita kafin ta amsa. Ta tambaye ni ko sun aiko. Na ce ba tukuna. Ta gyaɗa kai ta ce, "To, ki ce musu su ɗan hanzarta. Kunnen ma ya fara nauyi."